Yadda za ku kafa wasan badminton a unguwarku nan Damagaram, ku ɗauki hannun 'yan gidan Popov

Ƙarshen Disamba 2025 muna zaune a fada da dare, sanyi ya sauko shayi na kan gawayi, na miƙa ma abokaina fotabul ɗina na ce ku kalli wannan yaron. Christo Popov ne, Bafaranshe bahago ɗan wasan badminton, wasan da ake buga wata 'yar ƙwallo mai gashi da raket ta kan raga, yana buga wasan ƙarshe da Shi Yuqi na ƙasar Sin a birnin Hangzhou, gasar da ake tara gwanaye takwas na shekara su kara da juna, kuma ya cinye shi a gidansu gaban mutanensu, abin da wani ɗan Faransa bai taɓa yi ba. Wani a cikinmu ya ce to mu ina ruwanmu da wasan masu kuɗi, na ce wallahi ba na masu kuɗi ba ne, fili kaɗan yake so da mutum biyu da suka ɗaure ma abin gindi, shi ya sa na zauna na rubuta wannan don duk mai son ya gwada.

Ku fara da sanin inda yaron ya fito don a nan darasin yake. An haifi Christo a Sofiya ta Bulgeriya a 2002, wansa Toma Junior a 1998, mahaifinsu Toma Popov shi ma tsohon ɗan wasan ne, ya kwashi iyali suka koma Faransa wani ƙaramin gari bakin teku kusa da Marsey da ake ce ma Fos-sur-Mer, kuma shi ne kocinsu. Wa da ƙane kullum suna fuskantar juna ta kan raga ɗaya. A 2019 Christo ya zo na biyu a gasar matasa ta duniya, a 2021 Toma Junior ya ci gasar Sipaniya, a 2024 Christo ya ci ta Jamus, a wasannin Olimpik na Paris Toma ya fitar da Anthony Ginting na Indonesiya tun a rukuni, sannan a 2025 su biyun suka haɗu suka zama zakarun Turai a wasan bibbiyu. Yawancin manyan 'yan wasa ɗaya suke zaɓa, ko ɗai-ɗai ko bibbiyu, su kam duka suke bugawa. To abu na farko da za ka nema tun kafin raket shi ne naka Toma ɗin, wanka ko ƙanenka ko abokin da ka san in kun ce bayan asuba to bayan asuba za ka gan shi, don wannan wasa ba a koyon shi da mutumin da yau ya zo gobe ya ce yana da biki.

Sai wuri, kuma nan ne babbar matsalarmu, iska. Ƙwallon da ake bugawa, wanda muke ce ma bolan, nauyinsa giram biyar ne haka, iskar da ba ta isa ta ɗaga ma hula ba sai ta karkatar da shi. Ranar farko da muka gwada a filin ƙwallo na unguwa lokacin hunturu, in na buga sai bolan ya dawo mini ya faɗi bayana, wanda ke ɗaya gefen kuma ko taɓawa kaɗan ya yi sai ta wuce fili, muka tashi ranmu a ɓace. Ku nemi wuri mai katanga, tsakar gida mai faɗi, kangon da aka zagaye, ko farfajiyar lakwal tsakanin azuzuwa in kun je kun gaida darakta kun roƙe shi da ladabi. Lokaci kuma ko da sassafe kafin iska ta tashi, ko bayan la'asar sakaliya zuwa magariba. In bazara ta kama kada ma ku soma da rana tsaka, ku zo da jarkar ruwa kullum. Hukumar wasan ta duniya ta fito da wani nau'i na waje a 2019 mai suna AirBadminton, da bolan ɗinsa na daban mai jure iska, in kuna da wani da zai iya sawo muku shi daga waje to ya fi dacewa da garinmu.

Awon fili ku ari mitar maso ku auna da kyau: tsawo metir 13.40, faɗi metir 6.10 in ku huɗu ne, 5.18 in ku biyu ne. Raga a tsakiya, tsayinta metir 1.55 a jikin sanduna, tsakiyarta tana ɗan saukowa kaɗan. Daga raga ku auna metir 1.98 kowane gefe ku ja layi, wannan ne layin da sarbis, wato bugun farko, dole ya tsallake, daga shi sai ku ja wani layin a tsakiya zuwa baya ya raba dama da hagu. In ƙasa ce toka ko farar ƙasa ta isa, in siminti ne fenti. Raga kuwa tsohon sange muka yanka, tela ya kafa mana farin ƙyalle a bakinsa na sama muka zura igiya, har yau tana aiki. Amma ku share fili kafin kowane wasa, ƙura a kan siminti santsi ne da ita kamar sabulu, kuma kada kowa ya shiga da silifas, takalmin baskit mai ƙasan roba ko na bosho ne ya wadatar.

Wajen sayen raket ku buɗe ido. Ni na fara sayen irin guda biyun nan da ake haɗawa cikin leda ɗaya, wani mai shago ya rantse mini za su yi shekara, sati biyu kan ɗaya ya rabu da sandarsa ya yi sama, Allah ya tsare bai sami idon yaron da ke kallo ba. Ku duba wuyan raket, in an haɗa kai da sanda da wani ƙarfe daban to na wasan yara ne, mai kyau a haɗe yake gaba ɗaya kuma ba ya wuce giram 80 zuwa 90. Kada a bar shi cikin rana ko a ɗaure a bayan moto, zafi na sassauta zaren. Bolan kuma iri biyu ne, na gashin tsuntsu mai gashi 16 wanda su Popov ke bugawa, da na roba. Ku fara da na roba don bushewar iskarmu karya gashi take kamar kara, in kuma kun samu na gashin to ku ɗan kanga shi a tururin ruwan zafi da dare kafin ranar wasa, yana ƙara masa kwana.

Riƙon raket shi ne abin da kusan kowa ke ɓatawa. Kada ka riƙe shi kamar za ka kashe sauro da mafici. Ka tsayar da kansa a kaikaice kamar bakin gatari, ka miƙa hannu kamar za ka gaisa da mutum, yatsu a sake, sai daidai lokacin duka ka matse. In bolan ta zo ta ɓangaren da ba hannunka ba sai ka ɗora babban yatsa a faffaɗan gefen mariƙin ka tura da shi. Ƙarfin ba daga kafaɗa kaɗai yake fitowa ba, juyin damtse ne da yatsu, shi ya sa za ka ga siririn yaro na aika ta har ƙarshen fili ƙato kuma ya kasa.

Yanzu ga inda nake so ku daɗe, ƙafa. Kowa simash, wato dukan ƙarfi daga sama zuwa ƙasa, yake so ya koya ranar farko, amma ka samu bidiyon Christo ka rage gudunsa, ka manta da hannunsa ka kalli ƙafafunsa kawai. Duk bugun da ya yi sai ya dawo tsakiyar fili, kuma daidai lokacin da abokin karawa zai taɓa bolan sai ya ɗan yi tsalle kaɗan ya sauka ƙafa a buɗe gwiwa a lanƙwashe, daga nan yake fizga zuwa ko'ina. Ga yadda muke koyon shi ba tare da bolan ba: kai ka tsaya tsakiya da raket, ɗan'uwanka ya tsaya bakin raga yana nuna maka kusurwa da hannu, biyu a gaba biyu a gefe biyu a baya, ka je ka yi kamar ka buga ka dawo, sakan 30 ka huta 30, sau goma. In za ka gaba ƙafar ɓangaren raket ce ke shiga, diddige ya fara sauka, gwiwa ta bi saitin yatsu kada ta karkace ciki. In za ka baya ka juya jiki a gicciye ka ja, kar ka riƙa ja da baya kirji na kallon raga, faɗuwa za ka yi. Satin farko cinyoyi za su yi tsami har ruku'u sai ka ji shi, ka daure, ka ƙara da tsallen igiya minti biyar kullum.

Bugu uku sun ishe ku wata uku na farko. Mai tashi sama ta faɗa can ƙarshen fili, ku yi ta aika ma juna ita kuna ƙirgawa har ku kai hamsin ba ta faɗi ba. Sai amorti, wadda za ka ɗaga hannu kamar za ka aika baya sai ka sauke ta a hankali bayan raga. Sai sarbis, ana bugun shi daga ƙasa, bolan ba ta wuce tsayin metir 1.15 ba lokacin da raket ya taɓa ta, ƙafa biyu a ƙasa, kuma a gicciye ake aikawa. Simash zai zo da kansa in waɗannan sun zauna.

Lissafi ba wuya, duk wanda ya ci bugu ya samu maki ɗaya kuma shi ke sarbis, ana zuwa 21, in an yi 20 da 20 sai wani ya ba da tazarar biyu, in abin ya ja har 29 da 29 wanda ya fara kai 30 ya ci, wanda ya ci zagaye biyu cikin uku shi ke da mash. In makinka cika ne kamar 0, 2, 4 daga dama kake sarbis, in mara ne daga hagu.

Kuma don Allah kada ku bar ƙannenku mata a baya, wasa ne da ba a taɓa jikin juna kuma a tsakar gida ma ana yin shi da shiga ta mutunci. A Faransa Delphine Delrue da abokin wasanta Thom Gicquel sun ci gasar Indonesiya a 2025, ɗaya daga cikin mafi girma a duniya. Haka masu lalurar ƙafa, Lucas Mazur ya ci zinare a wasannin naƙasassu na Tokyo ya sake ci a Paris 2024. Mu a wajenmu ranar Lahadi da safe ta yara mata ce, ƙanwata 'yar shekara goma sha biyu ita ke nuna musu kusurwa yanzu. Kowa na zuba dala ashirin a sati cikin gwangwani don sayen bolan, in ta taru sai mu ba wani direba da ke zuwa Kano ya sawo mana kwali guda.