Yadda ake gyara katin sunan orkid ruwa-biyu idan masana sun sauya masa jinsi

Kuskuren da na fi gani wurin masu fara renon furen orkid a Birnin Kebbi shi ne sakaci da ɗan katin da ke zuwa a soke cikin tukunya. Wasu suna zare shi su yar don yana ɓata kwalliya, wasu kuma suna neman sunan a intanet, su tarar ya sha bamban da na katin, sai su ɗauka mai sayarwa ya cuce su. Tun daga na farko da wani mai lambu, John Dominy, ya haɗa a Ingila, wanda ya yi fure a 1856, orkid ruwa-biyu da aka yi wa rajista sun haura 100,000, kuma da yawansu ko gwani ba ya iya rabe su da ido, saboda haka wanda katinsa ya ɓace da wuya a sake gano asalinsa.

Ranar da shukar ta iso, tun kafin a ba ta ruwa, a kwafe sunan cikin littafi harafi bayan harafi, a kuma ɗauki hoton katin da waya.

Daga nan sai a raba sunan gida uku. A ɗauki misalin Slc. Jewel Box 'Scheherazade'. Haruffan farko taƙaitawa ce ta jinsunan da aka haɗa, wato Sophronitis da Laelia da Cattleya. Na tsakiya sunan zuriya ne, wanda duk 'ya'yan tsiro biyun da aka haɗa suke ɗauka. Na ƙarshe laƙabin tsiro ɗaya ne da aka zaɓa daga zuriyar aka riƙa yaɗa shi. A cikin ukun, na farko ne ke sauyawa.

Don haka da sunan tsakiya ake bincike. Ƙungiyar lambu ta Ingila, RHS, ita ke riƙe da rajistar duniya tun 1961, kuma dubawa a shafinta kyauta ce, data kaɗai za a kashe. Wanda ya rubuta Jewel Box zai ga yanzu Cattlianthe take, wato haɗin Cattleya da Guarianthe. Dalili kuwa shi ne binciken ƙwayoyin gado ya nuna dangantakar da siffar fure ta ɓoye: a 2003 aka cire ɗaya daga iyayenta, aurantiaca, daga Cattleya aka kai ta sabon jinsi mai suna Guarianthe, a 2008 kuma aka mayar da Sophronitis, tare da Laelia na Burazil, cikin Cattleya. Da iyaye suka koma wani gida, dole sunan haɗin ya bi su. Kamar mutumin Argungu ne da aka haifa kafin 1991, takardarsa tana cewa Jihar Sakkwato, alhali bai taɓa barin garinsu ba.

A nan ne masu koyo suka fi faɗawa rami, domin da zarar sun fahimci ƙa'idar sai su zauna su gyara dukkan katunansu da ka. Ba a yin haka. Laelia na Meziko, irin su anceps, suna nan a jinsinsu, saboda haka wani Lc., wato haɗin Laelia da Cattleya, ya koma Cattleya, wani kuma yana nan yadda yake. Yawancin masu Blc. (Brassavola da Laelia da Cattleya) sun zama Rlc. (Rhyncholaelia da Cattleya) saboda digbyana da ke cikin jininsu, wadda a da ake sa ta a Brassavola, yanzu ana lissafa ta a Rhyncholaelia, amma ba dukkansu ba. Masu sauƙin su ne Dtps. (Doritis da Phalaenopsis), da suka koma Phalaenopsis, da Ascocenda (Ascocentrum da Vanda), da suka koma Vanda bayan sauyin 2012. Ko waɗannan ma ni sai na duba su ɗaya bayan ɗaya.

In an tabbatar, a rubuta sabon suna a fuskar kati, tsohon kuma a bayansa, kada a goge shi ko kusa. Tsohon suna yakan faɗi abin da sabon ya rufe. Odontoglossum crispum, ɗan tsaunukan Kolambiya masu sanyi, yanzu Oncidium alexandrae ake ce masa, kuma wanda ya ga Oncidium kawai zai zaci irin masu jure ɗumi ne, ya zuba kuɗinsa, zafin Afrilu da ke haura digiri 40 ya gama da shi.

Kada a yi rubutun da alƙalamin maka, domin ranar nan tamu takan kodar da shi cikin 'yan watanni. Fensir ya fi daɗewa a kan roba. Abin da ya fi duka, kuma ba ya cin ko sisi, shi ne a yanka gwangwanin lemo, a miƙe shi, a ɗora a kan kwali, a danna sunan da mataccen biro har haruffan su lotsa, sannan a huda a ɗaura da waya a bakin tukunyar.

In an zo raba shukar, kowane yanki ya tafi da katinsa mai sunaye biyun. Ban ruwa da inuwa kuwa a bar su yadda suke, sai dai lokacin hunturu a ƙara fesa ruwa da safe saboda bushewar iska.