Ƙwallon Magidanta da Tuzurai: Inda Masu Shiryawa Ke Ɓata Wasan

A unguwanni da yawa, washegarin Sallah akan haɗa ƙwallo tsakanin magidanta da tuzurai. Abin da ke tara jama'a shi ne a ga Alhaji mai shago da tumbinsa yana bin ƙwallo, malamin makaranta kuma ya tsaya a raga da babbar riga. Wasa ne mai haɗa zumunci, shi ya sa yake min ciwo idan ya ƙare da gaba ko da zuwa wurin mai ɗori.

Ɓarnar takan fara tun wajen rubuta sunaye. Magidanta na gudun shan kaye, sai su jawo angon da bai rufa wata biyu ba, wanda har gobe yana buga wa kulob. Tuzurai na ganin haka su ma sai su ɗaure takalma da gaske, dariya ta gudu. A yi ƙa'ida: duk mai buga wa kulob sau biyu kawai zai taɓa ƙwallo ya miƙa wa wani, kuma ba ya jefa ƙwallo a raga. Kada a sa kuɗi, ko na sisi, don inda kuɗi ya shiga rigima na biye. Tsohuwar buta da aka yi wa ado ta isa kofi, in dai mai unguwa ne zai miƙa ta da cikakkiyar girmamawa.

Babban kuskuren yana bakin mai sharhi. Barkwanci a wurinmu yana da tsari: tsakanin taubasai, tsakanin Fulani da Barebari, tsakanin Gobirawa da Yarabawa. Har UNESCO, hukumar Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da ilimi da al'adu, ta sanya wasan barkwancin Nijar cikin al'adun da duniya ta gada a 2014. Abin da ke riƙe da wannan al'ada shi ne wanda aka tsokana yana da damar ramawa. To, mai riƙe da lasifika shi kaɗai ke magana, wanda ke cikin fili yana haki ba ya da bakin mayarwa. Idan ya ce Malam ya zuba da gudu ƙwallo ta bar shi a baya, kowa zai dara, har Malam ɗin. Amma da zarar ya taɓo gurguntaka, ko rashin haihuwa, ko auren da ya mutu, ko bashin da ake bin mutum, ya tozarta shi a gaban 'ya'yansa da surukansa. Haka tuzurun da rashin abin hannu ya hana aure: ya san halin da yake ciki, ba sai an shelanta ba. A sa masu sharhi biyu, kowane ɓangare da nasa, su riƙa mayar wa juna. A kuma tambayi kowane ɗan wasa laƙabin da ya yarda a kira shi da shi kafin a hura usur.

Sai batun lafiya, wanda ake yi wa riƙon sakainar kashi. Mutumin da ya shekara goma bai yi gudu ba ba zai iya minti 90 ba. Minti 15 sau biyu ya wadatar, da canji ba iyaka. A bari sai bayan La'asar, musamman a bazara da zafi ke haura digiri 40 a Sakkwato da Maraɗi, kuma ba daga gaban kwanon tuwo ba. A ɗumama jiki na minti 10, a tsince duwatsu da kwalabe, a hana takalmi mai ƙusa muddin akwai masu silifa. Mai hawan jini ko ciwon zuciya ya fara jin ta bakin likita. Wanda ya ji ciwon ƙirji ko jiri ya fita nan take, a kai shi asibiti, kada a yi masa ihun ragwanci. Ga dattawa akwai dabarar da aka faro a Chesterfield ta Ingila a 2011, ƙwallon tafiya, inda gudu kansa laifi ne. Kallon mutum yana sauri yana danne gudu ma abin dariya ne.

Masu ɗaukar bidiyo kuma a ja musu kunne tun da wuri: faɗuwar da unguwa ta yi wa dariya daban take idan ta shiga TikTok. Kada a ɗora hoton kowa sai an nuna masa ya amince.