Farce: Yadda Yake Fitowa da Abin da Ke Taɓa Girmansa

Farcen da muke gani a kan yatsa ba shi da rai. Babu jini a cikinsa, babu jijiya, shi ya sa ake yanke shi ba a jin zafi. An yi shi ne da wani abu mai tauri da likitoci ke kira keratin, wanda shi ne kuma ya yi gashin kai da kofaton doki. Wurin da ke da rai yana can gindin farcen, a ɓoye ƙarƙashin fata, kuma kusan duk abin da za mu faɗa a wannan darasi can yake komawa.

Sassan farce

Kowa ya buɗe hannunsa ya dubi babban yatsa. A gindin farcen akwai wani ɗan fari mai siffar jinjirin wata. Wannan bakin saiwar farce ne da ya leƙo waje, sauran saiwar kuwa tana ƙarƙashin fata. A nan jiki ke ƙera sababbin ƙwayoyin halitta dare da rana. Sababbin su tura tsofaffin gaba, tsofaffin su baje, su mutu, su taurare, su zama farce. Ke nan daga gindi farce ke tsiro, ba daga baki ba. A ƙaramin yatsa sau da yawa ba a ganin farin nan, kuma wannan ba ciwo ba ne.

A daidai inda farce ya fito daga cikin fata akwai wata siririyar fata da ta manne a kansa. Ita ce murfin saiwa. Tana hana ruwa da dauɗa da ƙwayoyin cuta shiga ciki. Masu yankan farce da masu gyaran farce a shagon kwalliya sukan kankare ta don farce ya yi kyan gani. Kuskure ne babba. Da an cire ta an buɗe wa cuta hanya zuwa inda ake yin farcen.

Ƙarƙashin farce akwai nama mai ɗauke da ƙananan hanyoyin jini masu yawa, su ke sa farce ya yi ja-ja. Ku danne farcenku da ƙarfi, ku saki. Zai yi fari, sannan jan ya dawo kafin daƙiƙa 2. Ma'aikatan lafiya na yin wannan gwaji ga yaron da gudawa ta galabaitar, domin idan jan ya yi jinkirin dawowa alama ce jini ba ya zagawa yadda ya kamata.

Saurin girmansa

Farcen hannun baligi mai lafiya yana ƙaruwa da kamar milimita 3 zuwa 3 da rabi a wata. A rana kashi ɗaya ne cikin goma na milimita, ido ba ya iya gani. Na ƙafa bai kai haka ba, kamar milimita 1 da rabi ne a wata. Don haka idan farcen hannu ya cire gaba ɗaya, sai ya yi wata 4 zuwa 6 kafin sabo ya cika. Na babban yatsan ƙafa kuwa yakan ci shekara guda, wani lokaci har shekara ɗaya da rabi. Mutane da yawa kan tsorata su ce farcen ya ƙi fitowa, alhali lokacinsa ne bai yi ba.

Mata masu ƙunshi sun san wannan tafiya ta farce tun kafin a auna ta da rula. Lallen da ya kama fata yana gogewa cikin sati biyu zuwa uku, amma wanda ya kama farce ba ya fita, sai dai ya yi ta matsawa gaba yayin da sabon farce marar launi ke biyo shi daga gindi. Tsakanin Ƙaramar Sallah da Babbar Sallah kwana kusan 70 ne. Matar da ta yi lalle a ƙaramar, idan ta duba hannunta ranar Layya za ta tarar da sabon farce na kamar milimita 7, wato wajen rabin farcen. Haka hannun masu rini yake: shuɗin baba yana tafiya gaba da farcen har a yanke shi.

Yatsu ba su tafiya daidai. Na tsakiya ya fi sauri. Hannun da mutum ya fi aiki da shi, wato dama, ga bahago kuma sai a ce hagu, yana ɗan fin ɗayan. Farce ya fi sauri a lokacin zafi, ya ɗan ja baya da sanyi, saboda sanyi na tsuke hanyoyin jinin yatsu. Na mai juna biyu yakan ƙara sauri. Shekaru ma suna da nasu rabon. Wani likita ɗan Amurka mai suna William Bean ya fara auna farcen babban yatsansa na hagu a 1941 yana ɗan shekara 32, ya yi shekara 35 yana aunawa. Da farko farcen na ƙaruwa da milimita 0.123 a rana, da ya kai shekara 67 ya koma 0.095. Shi ya sa farcen tsoho ke jinkiri, ya yi kauri, ya yi layi-layi a tsaye daga gindi zuwa baki. Waɗannan layukan na tsufa ne, ba sa bukatar magani.

Yanke farce ba ya ƙara masa sauri, barinsa ma ba ya ragewa, tunda almakashi bai kai ga saiwa ba. Shafa tafarnuwa ko man goge baki a kan farce shi ma ba ya sa shi tsawo. Batun cewa farcen mamaci na ci gaba da girma kuwa, fatar yatsa ce ke bushewa ta janye baya, sai farcen ya yi kamar ya ƙaru.

Abinci da rashin lafiya

Saiwar farce daga jini take samun kayan aiki. Idan jiki ya shiga wahala, sai ya karkatar da ƙarfinsa ga zuciya da ƙwaƙwalwa da sauran manyan sassa, ya bar farce a baya. Zazzaɓi mai tsanani, taifot, ƙyanda, babbar tiyata, ko maganin ciwon daji na iya sa saiwar ta dakata na ɗan lokaci. Da mutum ya warke ta ci gaba da aiki, amma wurin da ta tsaya zai fito a matsayin kwari a gicciye, yawanci a farata da yawa lokaci guda kuma a wuri ɗaya. Likitan Faransa Joseph Beau ne ya bayyana wannan layi a 1846. Ba ya bayyana sai bayan wata ɗaya ko biyu da ciwon, domin sai farcen ya fito daga ƙarƙashin fata. Uwa kan ga wannan a hannun ɗanta bayan ya warke ta ɗauka sabon ciwo ne. Tsohon ciwon ne ya bar shaida, kuma layin zai tafi da kansa idan ya kai baki.

Ƙarancin sinadarin ƙarfe a jini yana sa farce ya yi fari fat, ya yi laushi, ya riƙa karyewa. Idan abin ya yi nisa sai tsakiyarsa ta loɓa, gefe ya ɗago kamar cokali, har ɗigon ruwa ya zauna a kai. An fi ganin haka ga mata masu yawan zubar jini, da masu haihuwa a kai a kai, da yara masu tsutsar ciki. Wannan ba na shafe-shafe ba ne. A je a auna jini, a sha maganin ƙarin jini yadda aka rubuta, a kuma gyara tukunya: hanta, nama, kifi, ƙwai, wake, gyaɗa, zogale, alayyafo. Shayi tare da abinci na rage shigar ƙarfen cikin jiki, lemo da tumatir kuwa na ƙarawa, don haka a ba da tazarar kamar awa ɗaya tsakanin abinci da shayi. Sannan a yi haƙuri. Farcen da ya riga ya loɓa ba zai miƙe ba, sai dai sabo mai kyau ya biyo shi cikin watanni.

Fararen ɗige-ɗigen nan da ke fitowa a farcen yara da manya kusan kullum ɗan bugu ne saiwar ta samu makonni baya, wanda mai shi ya ma manta. Ba alamar rashin sinadarin ƙashi ba ne.

Akwai alamomin da ba a zama da su. Idan kan yatsu ya kumbura ya yi dunƙule, farcen ya lanƙwaso ya rufe shi, wannan na iya nuna daɗaɗɗen ciwon huhu irin su tarin fuka, ko ciwon zuciya, ko na hanta. Idan farata da leɓe suka yi shuɗi-shuɗi, iska ce ta yi ƙaranci a jini, a garzaya asibiti. Baƙin layi siriri a tsaye kuwa abu ne da aka saba gani a faratan baƙar fata, sau da yawa a yatsu da dama, kuma ba komai. Amma idan a yatsa ɗaya ne, sabo ne, yana faɗaɗa, ko baƙin ya haura kan fata, a nuna wa likita da wuri, domin akwai dajin fata da ke farawa haka.

Ruwa, aiki da rauni

Farce na shan ruwa ya kumbura, ya bushe ya tsuke. Idan haka na maimaituwa sau da yawa a rana sai bakinsa ya fara ɓarewa yana tsagewa. Masu wanki da wanke-wanke, masu sayar da abinci, da magina masu taɓa siminti su suka fi fama da wannan, kuma hunturu na ƙara tsananta shi. Omo da bilic da ruwan goge jan farce duk suna cinye maiƙon farce. Maganin mai sauƙi ne: safar hannu ta roba lokacin aiki, a tsane hannu sosai bayan an gama, a shafa man kaɗe ko basilin a kan farcen da fatar gindinsa, musamman da dare. Man ba ya ƙara saurin girma. Yana hana karyewa ne, sai tsawon da aka samu ya tsaya.

Idan ƙofa ta matse yatsa ko guduma ta same shi, a tsoma shi cikin ruwan sanyi minti 10 zuwa 15, a ɗaga hannun sama. Jinin da ya kwanta a ƙarƙashi zai yi baƙi, ya tafi gaba da farcen. Idan ya kai rabin farcen, ko zugi ya hana barci, ma'aikacin lafiya zai huda ɗan rami da tsaftataccen abu jinin ya fita. Farcen da ke lilo kada a fizge shi. A rage wanda ya saki da almakashi, a rufe da bandeji. Muddin saiwa ba ta tsage ba sabo zai fito lafiya. Idan ta tsage ba a ɗinke ta ba, farcen na iya fitowa a rabe ko a karkace har ƙarshen rayuwa.

Karkare yakan fara ne daga ɗan ƙaramin rauni a gefen farce: cizon farce da haƙori, fizge 'yar fatar da ta ɗago, ƙaya, ko yankan da ya shiga nama. Da an ji gefen ya yi ja yana zafi, a jiƙa yatsan a ruwan ɗumi mai ɗan gishiri minti 15, sau 3 ko 4 a rana. Idan mugunya ta taru, ko kumburin na hawa, sai asibiti a fasa shi a ba da magani. Cusa yatsa cikin lemon tsami, ko zuba kananzir da ruwan batir, ba ya kashe ciwon da ke can ciki, ƙona fata kawai yake yi, ana ɓata lokaci har cutar ta kai ƙashi.

Farcen da ya yi kauri, ya yi rawaya, yana marmashewa, yawanci irin ƙwayar cutar da ke kawo makero da cin ruwa ce ta shige shi. Man shafawa da wuya ya ratsa farce. Maganin haɗiya ne ke aiki, kamar sati 6 ga hannu, sati 12 ga ƙafa, kuma sai da izinin likita saboda yana iya taɓa hanta.

Yadda ake yankewa

Ya tabbata a hadisin Anas ɗan Malik cewa kada a bar farce ya wuce kwana 40. A kwana 40 farcen hannu ya ƙaru da milimita 4, wanda ya isa ya tara dauɗa da ƙwan tsutsar ciki da ƙwayoyin amai da gudawa, kuma da hannun muke cin tuwo. Yankewa duk Juma'a, ko duk sati biyu, ya fi.

A yanke bayan wanka, lokacin da farce ya yi laushi. Na hannu a bi siffar yatsa, a bar ɗan fari kamar milimita 1. Na ƙafa a yanke shi a miƙe, kada a sassaƙe kusurwa, domin sassaƙar da matsattsen takalmi su ke sa farce ya shige nama. Na jariri a yanke yana barci, da ƙaramin almakashi, a danne naman yatsan baya, ba da haƙori ba kuma ba da reza ba. Mai ciwon suga ya yi taka-tsantsan ƙwarai da faratan ƙafa, tunda ƙaramin yanka na iya zama gyambo. Idan ba ya gani sosai ko ƙafar ta daina ji, wani ya yanke masa.

Sana'ar yankan farce sana'a ce mai amfani a kasuwanni da tashoshin mota, amma almakashi ɗaya na bin hannun mutane da yawa a yini. Ƙwayar ciwon hanta nau'in B na iya rayuwa a busasshen jini kwana 7 ko fiye, ko da ido bai ga jinin ba, kuma goge almakashi da tsumma ko ruwan kumfa ba ya kashe ta. Kowa ya mallaki nasa abin yanka, ya miƙa wa mai yankan ya yi masa da shi. Mai sana'ar kuma ya tanadi almakashi fiye da ɗaya, ya wanke da sabulu, ya tafasa minti 20 kafin ya sa wa wani.

Aikin aji

Kowa ya sa lalle a farce ɗaya har gindi, ya rubuta kwanan wata a littafinsa. Bayan kwana 30 a kawo rula a auna sabon farcen da ya fito, daga fata zuwa inda lallen ya fara. A rubuta sakamakon kowa a allo tare da shekarunsa, a duba na wa ya fi tsawo. Sannan a yi wannan lissafi: idan farce na ƙaruwa da milimita 3 a wata, tsawonsa kuma milimita 15 ne, wata nawa zai yi kafin lallen ya ƙare?