Kurakuran da ake yi wajen ƙalubalantar hukuncin majistare a Kumasi

A unguwannin Aboabo ko Asawase, da zarar majistare ya yanke hukuncin da bai yi wa mutum daɗi ba, musamman a rikicin mai gida da ɗan haya, abin da za ka ji shi ne "sai mun je sama". To amma hanyar zuwa Babbar Kotu biyu ce, kuma wajen zaɓen hanyar ne aka fi yin tuntuɓe.

Akwai ɗaukaka ƙara. Akwai kuma roƙon Babbar Kotu ta rushe hukuncin da ikon sa ido a kan ƙananan kotuna, wanda sashe na 141 na kundin tsarin mulkin Ghana na 1992 ya ba ta. Idan kukanka shi ne majistare ya gaskata shaidun abokin shari'arka ya ƙi naka, ɗaukaka ƙara za ka yi. A hanya ta biyun alƙali ba zai sake auna shaidu ba. Abin da zai duba shi ne ko majistaren yana da hurumin sauraron maganar, ko ya ba ka damar kare kanka, ko kuwa akwai kuskuren doka da ya fito ƙarara a rubutaccen hukuncin. Wanda aka ba da umarnin fitar da shi daga ɗaki alhali ba a taɓa kai masa sammaci ba, wannan ƙofar tasa ce.

Hurumi kuwa doka ce ta shata shi. Dokar Kotuna ta 1993 ta hana majistare taɓa rikicin sarautar gargajiya, wannan aikin majalisun sarakuna ne. Idan ka ga ya shiga abin da ba nasa ba, lauyanka ya faɗa tun a zaman farko. In ya ƙi ji, ana iya neman umarnin da zai hana shi ci gaba, ba sai an jira hukunci ba.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne lokaci. Ƙa'idojin Babbar Kotu na 2004, wato C.I. 47, wata shida kawai suka bayar don shigar da roƙon sa idon, wato hanya ta biyu. Mu kuma sai mu garzaya wajen liman da dattawan unguwa neman sulhu. Sulhu alheri ne, babu shakka, amma zaman sulhu ba ya tsayar da wa'adin. A riƙa yin sulhun da shigar da roƙon a kotu tare.

Kada ka je da labarin baka. Ka karɓi kwafin hukuncin mai hatimin kotu daga ofishin rajista, ka haɗa da takardar rantsuwa mai bayyana abin da ya faru dalla-dalla. Kada kuma ka ɗauka shigar da takarda ya dakatar da aiwatar da hukuncin, sai ka roƙi dakatarwar a keɓe, in ba haka ba kana jiran ranar zama kayanka suna waje. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya nemi Hukumar Taimakon Shari'a ta gwamnati, tana da ofishi a Kumasi.