Yadda ɗan wasa ke hawa daga yaron bos zuwa bos a finafinan kung fu na Hong Kong

Matakin farko shi ne koyon faɗuwa. Da yawa daga cikin fuskokin da aka saba gani a finafinan kamfanonin Shaw Brothers da Golden Harvest daga makarantun wasan dandamali na gargajiyar Sin suka fito, kamar ta Yu Jim-yuen da ta yaye Sammo Hung da Yuen Wah. Tun suna yara ake horar da su da tsayuwa a kan hannu, da alkafura gaba da baya, da faɗuwa da baya tare da duƙar da haɓa zuwa ƙirji don kada ƙeya ta bugi ƙasa. Wanda bai ƙware a wannan ba, ba zai daɗe ba.

Daga nan sai shiga cikin yaran bos, inda aikinka shan duka ne. Nan ake gane gwani. Galibi naushin jarumi ba ya taɓa fuska, kusurwar kyamara ce ke ɓoye tazarar, don haka kai ne za ka sa mai kallo ya yarda. Ka fizge kai daidai lokacin da hannu ya gifta, kafaɗa ta biyo baya, sannan ƙafa. In ka riga hannun, ƙarya ta fito fili. In ka makara, a sake ɗauka, mai tsara faɗa kuma ya riƙe ka a zuci. Akan shafa hoda a takalmi ko riga domin ƙura ta tashi wurin bugu. Sau da yawa ana ɗaukar faɗa da hoto 22 a daƙiƙa maimakon 24, wanda ke ƙara sauri idan an haska. Saboda haka kada ka yi gaggawa, ka kai kowane motsi ƙarshensa.

Ka kuma tuna a zamanin waɗannan finafinai ba a naɗar murya a wurin ɗauka, daga baya ake ɗora ta, wani lokaci ma ta wani ce. Ido da gira da tsayuwa su ne jarinka. Shih Kien ya shafe shekaru yana fitowa mugu a jerin finafinan Wong Fei-hung kafin ya kara da Bruce Lee a fim ɗin Enter the Dragon a 1973, kuma muryar Turancin da aka ji a fim ɗin ba tasa ba ce.

Sai ka nemi abu guda da za a san ka da shi. Hwang Jang-lee da shuri aka san shi, Bolo Yeung da ƙirar jiki. Amma a wancan zamani kamfani na iya ɗaure ka a matsayi ɗaya har ƙarshen kwantiragi. Mafita ita ce maƙalewa ayarin wani mai tsara faɗa, ka koyi tsarawar da kanka, kamar yadda Lam Ching-ying ya yi tare da Sammo Hung kafin ya samu jagorancin fim a 1985.

Idan gwiwa ta fara gajiya, a koma matsayin tsohon malami: farin gemu, sanda, matashi ya yi maka alkafurar daga nesa. Yuen Siu-tien ya haura shekara 60 lokacin da matsayin tsoho mashayi a fim ɗin Drunken Master ya ɗaukaka shi a 1978, shekara guda kafin rasuwarsa.