Kurakuran da ɗalibai suka fi yi a nazarin katalis na ƙarafa

Ɗaliban kemistiri a Bauchi da Gombe, idan suka iso darasin mahaɗan ƙarfe da kabon, sukan fara tuntuɓe ne a ƙa'idar ilektron 18, wadda ke cewa mahaɗin ya fi zama daram idan ƙarfen da ke cikinsa yana da ilektron 18 a zagayensa na waje. Suna haddace ta kamar doka, alhali katalis ɗin Wilkinson (katalis shi ne sinadarin da ke hanzarta haɗuwar wasu sinadarai ba tare da shi ya ƙare ba), mai ƙarfen rodiyam a tsakiya, ilektron 16 gare shi, kuma ƙarfen da ya cika 18 galibi sai ya saki wani abu da ke manne da shi kafin ya iya aiki. Littafin Robert Crabtree ya kawo hanyoyi biyu na ƙirga ilektron; ɗalibi ya zaɓi ɗaya ya bi ta har ƙarshen lissafi, domin gauraya su ne ke kawo amsar da ba ta da kai.

Wasu kuma suna ɗauka abin da ke cikin kwalba shi ne katalis. Gishirin faladiyam da ake awowa a ma'auni yana mataki na 2 ne, wato ƙarfen ya rasa ilektron biyu, sai ya sauko mataki na sifili a cikin tulun gwaji sannan zagayen Heck ko na Suzuki, hanyoyin haɗa kabon da kabon masu ɗauke da sunayen masanan da suka gano su, ya kankama, aikin da ya kai masanan biyu, tare da Negishi, ga kyautar Nobel a 2010.

Kuskuren da ya fi damuna shi ne amincewa da sakamako tun ba a gwada shi ta wata fuska ba, kuma manyan masana ma bai bar su ba. A 2003 ƙungiyar Nicholas Leadbeater ta wallafa cewa haɗin Suzuki ya yiwu ba tare da faladiyam ba, amma a 2005 ita da kanta ta gano ɓurɓushin faladiyam a cikin sodiyam kabonet ɗin da ta yi amfani da shi, ɗan mitsitsin da ya isa ya tafiyar da aikin. A 2009 Buchwald da Bolm suka nuna cewa wasu haɗe-haɗen da aka jingina wa gishirin baƙin ƙarfe, gurɓacen jan ƙarfe ne ke yin su.

Maganin ba shi da tsada. A maimaita gwajin ba tare da katalis ba, a sauya maganaɗisun motsawa da sabo domin tsoho mai tsagewa yana riƙe ƙarfe, a rubuta tsarkin kowane sinadari da kamfanin da ya sarrafa shi. Da damina kuma, lokacin da laima ke shiga kowace kwalba da aka bari a buɗe, a cire danshin da ke cikin ruwan narkarwa, a kori iska da naitirojin kafin a zuba katalis.