Kurakuran da ke kawo maganin ƙwari har cikin tukunya

Babban kuskure a nan Maraɗi yana faruwa ne bayan an sussuke wake. Don gudun ƙwari, mai wake sai ya yayyafa maganin ƙwari na piya-piya kai tsaye a kan ƙwayar, ya ɗinke buhu. Sinadarin dichlorvos ne ke cikin kwalbar piya-piya, kuma ba a yi shi don a zuba a abin da za a ci ba. Saboda shi ne Tarayyar Turai ta hana shigar busasshen waken Najeriya a 2015. Mu kuwa ba mai gwada mana: daga buhu sai tiya, daga tiya sai ƙosai.

Wasu kuma ƙwayar Phostoxin suke jefawa tsirara cikin buhu, su jingine shi a ɗakin da yara ke kwana. Da ta sha danshi sai ta saki iska mai kisa, buhun leda saƙaƙƙe kuwa ba ya riƙe ta. Wannan aikin ƙwararru ne, a mangaza, nesa da makwanci.

Abin takaici, mafita a gida take. Buhun PICS mai ruɓi uku, leda biyu a ciki da buhu a waje, wanda masu binciken INRAN, cibiyar binciken noma ta Nijar, reshen Maraɗi, suka yi aiki a kansa tare da jami'ar Purdue ta Amurka, ba ya buƙatar magani ko ɗigo. Ƙwarin su ke shanye iskar ciki, su mutu. Sai dai a nan ma ana yin kwaɓa: a zuba wake da sauran danshi, ko a haɗa bakin ledoji biyun da buhun waje a ɗaure da igiya guda. Ana matse iska ne, a murɗe bakin kowace leda, a lanƙwasa, a ɗaure ta ita kaɗai. A ɗora buhun kan katako, kada ya taɓa bango saboda ɓera, a kuma daina kwancewa kullum don ɗiban na miya. Bido mai murfi da aka cika maƙil ma yana yi, muddin bai taɓa ɗaukar magani ko fetur ba.

A lambunan Jiratawa da bakin Gulbi kuwa gaggawa ce matsalar. A fesa wa zogala ko tumatir yau, jibi a tsinka saboda kasuwa ta yi kyau. Kowace kwalba ta gaskiya tana ɗauke da kwanakin da za a jira kafin girbi, an taƙaita da DAR. Wanda bai iya karatun faransanci ba ya kai wa malamin gona ya karanta masa. Shi zai duba masa ko akwai lambar amincewar CSP, kwamitin tantance magungunan ƙwari na ƙungiyar CILSS ta ƙasashen Sahel, wadda yawancin kwalaben da ke shigowa daga Najeriya ta iyakar Ɗan Isa ba su da ita. Ƙara cikin murfi ɗaya na magani "don ya kama sosai" kuwa, mai ci ne yake kamawa.

Uwargida ta wanke ganye da ruwa mai yawa, ta yar da ɓawon kabeji na waje, amma wanki na sama kawai yake ragewa. Wanda ya ratsa cikin ganyen ba ya fita. Waken da ke warin magani a bar wa mai shi. Irin shuka da aka shafa wa jan garin magani, ko an wanke shi sau goma, ba ya shiga turmi, ba a kuma watsa wa kaji.